Ƙarshen Fim ɗin Hamma Buba

Ina bayan wani gida a unguwar Federal Low-Cost a Gombe ina zuba wa 'yan wasa abincin rana, sai wayata ta yi ƙara. Lambar Kamaru ce. Na ɗauka yayana ne, Hamma Buba, da ya tafi can ɗaukar fim, don haka na maƙale wayar a kafaɗa na ci gaba da zuba miya. Muryar Yohanna na ji, mai riƙe masa kyamara. Yohanna ba ya kirana da sunana, kullum Furodusa yake ce min, rabi girmamawa rabi tsokana. Ran nan sai ya ce, "Halima, nemi wuri ki zauna."

Ban zauna ba. Ya ce motarsu ta ƙwace a gangaren dutsen da ke tsakanin Ngaundare da Garwa. Shi ya karye a ƙafa, Hamma Buba kuwa Allah ya karɓi abinsa tun kafin a ɗaga motar. Mutanen wani ƙauye da ke kusa sun yi masa sutura, sun sallace shi, sun binne. Na rufe kular miyar, na gaya wa darakta a tashi daga aiki, na tari keke zuwa gidanmu a unguwar Malam Inna don kada Dada, mahaifiyarmu, ta ji a bakin wani.

Mu 'yan gidan fim ne. Mahaifinmu da majigi ya fara, yana yawo ƙauyuka yana kafa farin ƙyalle a bangon makarantar firamare. Daga baya ya sayi kyamarar bidiyo ya shiga ɗaukar biki da suna, daga nan ya fara haɗa wasan kwaikwayo a kaset. Hamma Buba ya gaji idonsa, ya zama darakta. Yohanna, ɗan unguwar Herwagana, a hannun Baba ya koyi kyamara tun yana saurayi. Ni kuwa da na gama sakandare sai aka riƙa aike na: aron gida, lallashin mai unguwa, neman mota, dafa abincin jama'a, raba faɗan 'yan wasa. Na daɗe ina yi kafin in ji cewa aikin yana da suna. Yanzu shi ne sana'ata, kuma na iya shi.

Akwai abu ɗaya a gidanmu da aka daina yi a ko'ina: ba a rubuta labari. Baba a kansa yake riƙe shi. In za a ɗauki fitowa sai ya ja ɗan wasa gefe, ya gaya masa abin da yake so ya sani, iyakarta ke nan. A ganinsa takarda tana sa mutum ya yi ta haddar magana ya manta da fuskarsa. Sauran daraktocin da nake aiki da su duk da rubutu suke zuwa, ni ma haka na fi so. Hamma Buba dai ya ƙi. In na yi masa magana sai ya nuna goshinsa ya ce a nan ruwa ba ya jiƙa labari, ɓera ba ya ci.

Da aka kawo Yohanna gida na je Herwagana duba shi. Yana kwance, ƙafa a ɗaure, matarsa tana yi masa fifita. Ya ce an ɗauki kusan komai, ƙarshen ne kawai ya rage. Diskin da aka tara hotunan a ciki yana hannun wani Sali a Garwa, wanda ya nema musu wuraren aiki, shi ya kwashe kayansu daga inda motar ta faɗi. Na tambaye shi yadda fim ɗin zai ƙare. Ya kalli silin ya ce na san yayana, shi kansa Yohanna sai a ranar ɗauka yake sani. Amma akwai mutum biyu da Hamma yake yawan ja gefe: Maryama, wata tela a Ngaundare da ta fito a matar da labarin yake kanta, da wani tsoho, Jauro Hamadu, da ya fito a surukinta. In akwai wanda ya ji ƙarshen, cikinsu ne.

Bayan an watse daga zaman makoki na gaya wa Dada zan tafi in ɗauko aikin in ƙarasa shi. Ba ta hana ni ba. Cewa ta yi in je in ga inda aka sa shi, in gaya mata yadda wurin yake.

A iyaka na fara sanin na bar gida. Damina ta yi nisa, kogin da ake tsallakewa ya cika, sai da kwalekwale. Kafin kogin kuma babur ne a cikin taɓo. Namu ya zame, na faɗi da jakata, zanen jikina ya zama launin hanya. A ɗaya gaɓar jandarmomi suka tsayar da mu a rana suna neman katin rigakafi, suna magana da Faransanci. Na juya zuwa Fulatanci ina ganin na samu mafita. Ɗayansu ya saurare ni har na gama, sannan ya kira abokinsa ya zo ya ji irin Fulatancin mutanen Najeriya, rabi Hausa. Suka yi dariyarsu suka ƙoshi kafin su sake mu.

Wata mai sayar da busasshen kifi da muka shigo kwalekwale ɗaya, Goggo Dija, ta ciro zane daga ƙullinta ta miƙo min. Yana warin kifi, amma busasshe ne. Ta tambayi wurin wa zan sauka a Garwa. Na ce masauki zan nema. Ta ce mace mai makoki ba ta kwana a masauki alhali ita tana da ɗaki. Ban gaya mata ina makoki ba. Ta ce ta gani tun a bakin kogi, kowa yana rigimar wurin zama ni ina kallon ruwa.

Garwa gari ne mai zafi, ko da damina. Goggo Dija ta ba ni tabarma a ɗakinta da ke bayan kasuwa, da safe shayi da dogon burodinsu mai tauri. Na samu Sali ba wuya. Mutum ne fes, mai turare, ya tarbe ni da hannu biyu yana kirana ƙanwarsa. Da ya zo yi min ta'aziyya har da hawaye. Ya miƙo min kyamara da fitilu, an goge su tas. Diskin kuwa, ya ce don tsoron ɓarayi ya aika da shi wurin wani ɗan'uwansa mai shagon waya a Marwa, gobe za a kawo. Goben ta yi ta komawa gobe. Yau direba ya manta, yau ɗan'uwan ya tafi jana'iza. Da na gaji na ce ya kwatanta min shagon in je da kaina. Ya kwatanta dalla-dalla, har da launin ƙofa.

Na je Marwa. Na samu layin, na samu ƙofa mai launin da ya faɗa, amma ɗinkin katifa ake yi a ciki, kuma ba wanda ya taɓa jin sunan ɗan'uwan. Na bi shagunan waya na layin da na bayansa. Na kira Sali, wayarsa a kashe. A nan zazzaɓi ya kama ni. Na zauna a gindin wata dalbejiya kusa da tasha ina rawar sanyi cikin rana, ba abin da nake so sai kunun tsamiyar Dada da ƙarar keke a layinmu. Wata mai abinci ta ba ni benci a bayan rumfarta na kwanta, ta aika aka sayo min magani. Ba ta jin Hausa, Fulatancina kuma dariya yake ba ta, amma ta riƙa taɓa goshina tana girgiza kai. Har na bar garin ban san sunanta ba.

A motar dawowa Garwa, matar da ke kusa da ni tana kallon wani abu a wayarta. Ban kula ba sai da idona ya faɗa kai. Wata mata ce take fitowa daga bukka da ƙwarya a hannu, an ɗora waƙar Indiya a kai. An ajiye kyamarar ƙasa-ƙasa a bakin ƙofa, yadda Baba yake yi, yadda ya koya wa Yohanna. Na roƙe ta ta mayar farko. Wanda ya yanka hoton bai iya aiki ba, ya bar 'yar magana kafin waƙar ta shigo. A gidanmu ba a cewa "akshin" in za a fara ɗauka. Na ji muryar Hamma Buba, a gajiye, kamar yana bayan kujerata, ya ce, "Bismillah, mu je."

Na riƙe wayar matar fiye da yadda ya kamata. Ba ta karɓa ba sai da na miƙa mata da kaina. Na tambaye ta inda ta samu, ta ce wurin masu tura fim a waya a kasuwar Garwa, ai akwai irinsa da yawa.

Goggo Dija ta ce mu tafi wurin jandarma. Na ce a'a. Na yi shekaru ina hulɗa da masu tura fim a Gombe da Kano, na san duk inda suke suna da shugaba, kuma maganarsa ta fi ta hukuma saurin aiki a cikinsu. Muka same shi a wata rumfa cike da wayoyi a caji, dattijo ne mai gilashi. Na gaishe shi yadda ya kamata, na faɗi sunan mahaifina da na yayana. Na ce abin da yaransa suke turawa aikin mamaci ne da bai ƙarasa ba, kuma ya bar 'ya'ya. Ban ce a hukunta kowa ba. Na ce in sun goge guntayen, ranar da fim ɗin ya fito su zan fara ba a duk Kamaru, cikakke, da sunan mai shi a jiki. Ya ce a da ya sha kallon kaset irin na Baba. Ya tambayi yaransa wanda ya kawo musu guntayen, sannan ya aika a kira Sali.

Sali ya zo da turarensa. Da ya gan ni a kan benci sai ya tsaya a bakin rumfar. Dattijon ya tambaye shi inda diskin yake. Ya fara maganar Marwa, Goggo Dija ta ce masa ya yi a hankali, 'yar mutane ta dawo daga can da zazzaɓi, katifa kawai ta gani. Aka yi dariya a rumfar. Ya sunkuyar da kai ya ce yana gidansa.

"Na ɗauka ba wanda zai zo nema," ya ce.

"To, na zo," na ce masa.

Kafin la'asar diskin yana hannuna. Da zai miƙo min sai ya rage murya ya ce ai marigayi ya gaya masa ƙarshen labarin, in zan sa sunansa a fim ɗin zai faɗa min. Goggo Dija ta ce ya riƙe, ya aika wa ɗan'uwansa na Marwa.

Ba ni da kwamfutar da zan duba aikin, guzurina kuma ya yi ƙasa. Na shiga wani shagon ɗaukar hoton biki na ce wa mai shi zan tsara masa aikinsa, shi kuma ya bar ni in yi amfani da kwamfutarsa in ba kowa a kai. Ya yi min kallon shakka. Biki biyu na shirya masa, masu kyamara suka isa kafin amarya, ba wanda ya manta batir, ba wanda ya yi faɗa da dangin ango. Daga nan ya ba ni mabuɗin shagon.

A wannan ɗan ɗakin na ga fim ɗin yayana, a warwatse, fitowar tsakiya kafin ta farko. Na yi ta jerawa ina kiran Yohanna yana tuna min. Labarin wata 'yar Gombe ce da aka aura zuwa wani ƙauye a Kamaru. Mijin ya rasu, ba su haihu ba, ta gama takaba. 'Yan'uwanta sun aiko ta dawo gida. A gidan kuma ba kowa sai mahaifin mijin, tsoho, idonsa ya fara rauni, ita take dafa masa, ita take kai shi bakin masallaci. Duk fim ɗin a kan abu ɗaya yake: za ta tafi ko za ta zauna. Hoton ƙarshe da aka ɗauka, tana zaune a bakin gado, akwati a buɗe a gabanta, ba komai a ciki.

Babbar Sallah a Garwa ta same ni. Goggo Dija ta ɗinka min atamfa irin tata, muka yi yawon gaishe-gaishe gidajen da ban san kowa ba. Na kira gida, na ji hayaniyar 'ya'yan Hamma suna rigima a kan hanta. Dada ta tambaye ni ko na je wurin. Na ce tukuna. Ta ce to.

Bayan Sallah na hau motar Ngaundare, na roƙi direba ya sauke ni a ƙauyen da ke ƙasan dutsen. Ƙaramin wuri ne, gonakin masara sun kewaye shi. Da na faɗi ko ni wace ce, aka shimfiɗa min tabarma, aka kawo kindirmo, mata suka yi ta shigowa suna yi min gaisuwa kamar jiya abin ya faru. Limamin ya raka ni har bakin maƙabarta. Ban shiga ba, na tsaya a gefen shinge, ya shiga ya tsaya a kan kabarin don in gane shi. An jera masa duwatsu, an sa ƙaya saboda dabbobi. Limamin ya ce duk wanda ya zo ziyarar nasa yana haɗawa da baƙon. Na yi addu'ata. Daga nan na hau wani tudu inda waya take kamawa na kira Dada. Na ce mata akwai inuwa, mangwaro ne babba, kuma mutanen kirki ne. Ta tambaye ni ƙasar ja ce ko baƙa. Na ce ja ce, irin ta gonar Baba. Ta ce Alhamdulillahi, in je in yi aikina.

Ngaundare a kan tudu take, ga sanyi ga ruwa kusan kullum. Ban zo da rigar sanyi ba, sai na riƙa naɗe mayafi biyu. Na samu Maryama a shagonta na ɗinki kusa da tashar jirgin ƙasa. Na gane ta tun daga nesa, na yi makonni ina kallon fuskarta. Ta yi min ta'aziyya da ladabi, amma da na ambaci fim sai ta mayar da kai kan keken ɗinkinta. Ta ce mijinta ya ce tun da aka yi hatsari a kansa a bar shi, ita ma zuciyarta ba ta so. Ban ja da ita ba. Washegari na dawo na zauna, na ɗauki dutsen guga na goge mata kayan da ta gama. Haka na riƙa yi, ina sa maɓalli, ina cire zare, muna hirar tsadar yadi da halin masu kawo ɗinkin gaggawa. Mijin yakan biyo da rana, in gaishe shi, ya amsa a taƙaice.

Wata rana ana ruwa, ba mai shigowa, ta tsayar da keken da kanta. Ta ce Malam Buba ya gaya mata ƙarshen tun ranar farko.

"Ya ce tafiya zan yi. Ya ce duk abin da na taɓa a gidan nan, ƙwarya ce ko tsintsiya, in taɓa shi kamar wadda ba za ta sake ganinsa ba. Amma kada in gaya wa tsoho."

Na ji kamar an sauke min kaya daga ka. Na tuna yadda take shafa bakin randa a wata fitowa, na ce lallai haka ne. Da yamma na je na samu mijin a gaban 'yan'uwansa, na roƙe shi rana ɗaya tak, na ce shi ma ya zo ya zauna a wurin. Ya ce rana ɗaya, kuma kada in sake dawowa da wata buƙata. Na ce na yarda.

Saura tsoho. Ƙauyensa yana da nisa daga titi, na yi tafiyar babur a cikin ciyawa mai tsayin mutum. Na samu Jauro Hamadu a ƙofar gidan da aka yi fim ɗin, gidansa ne na gaske. Da aka ce masa ƙanwar Buba ce, ya riƙe gefen mayafina ya daɗe yana addu'a. Ban zo tambayarsa ƙarshe ba, na riga na samu. Na zo ne in gaya masa ranar da za mu dawo. Shi ne ya ce ai ya san abin da ya rage.

"'Yata, zama za ta yi. Buba ya gaya min. Ya ce kada in roƙe ta, kada in nuna damuwa ko sau ɗaya, don ba inda za ta. Ya ce in bar abin a cikina, ita ba ta sani ba."

Na sake tambayarsa, ya maimaita ba canji. Na tuna fitowar da take kawo masa tuwo idonta ya kawo ruwa, shi kuwa yana ta ba ta labarin shanun da ya yi kiwo yana saurayi, hankali kwance. A kwamfuta na yi ta mamakin yadda mutumin da bai taɓa wasa ba ya iya wannan.

Da na fito titi na kira Yohanna na gaya masa. Ya yi dariya, irin wadda ban ji daga bakinsa ba tun kafin hatsarin, har matarsa tana tambayar lafiya. Ya ce wannan aikin Baba ne sak. Ya ce Baba yakan ba mutum biyu ƙarshe biyu, ya bar su su yi ta wasa a kai, sai ranar ƙarshe ya dubi fuskokinsu ya zaɓa. Na ce to wanne Hamma zai zaɓa?

"Furodusa," ya ce, "ina jin shi ma bai kai ga sani ba."

Na zauna a bakin titin na yi tunani irin na aikina. Ruwa ya kusa ɗaukewa, in ciyawa ta bushe hoton ba zai haɗu da na baya ba. Tsoho yana da shekaru. Mijin Maryama rana ɗaya ya ba ni. Ba zan samu mutanen nan biyu a gidan nan a karo na biyu ba. Na kira mai shagon Garwa ya ara min mai kyamararsa mafi natsuwa, na ce ya taho da kayan Hamma. Na yanke shawarar ɗaukar duka biyun.

Ban taɓa ba da umarni a gaban kyamara ba sai ranar. Yohanna yana kan waya yana gaya wa mai kyamarar inda zai durƙusa. Mijin Maryama yana kan kujera a inuwa, ya harɗe hannu. Da safe muka fara da tafiya. Ban gaya wa tsoho ba sai da aka kunna kyamara, Maryama ta fito da akwati a ka ta durƙusa a gabansa tana sallama. Ya ɗaga kai yana neman inda nake. Ya ce, a hankali, da Fulatanci, "Ba haka Buba ya ce min ba." Na yi wa mai kyamara alama kada ya tsaya. Tsohon ya lalubo kanta ya dafa, ya sa mata albarka. Ta tashi ta bi hanya ba ta waiwayo ba. Da na duba inuwa, mijin ya juya mana baya yana gyara hularsa.

Bayan azahar na ja Maryama gefe na ce yanzu za ta kai bakin shinge ta dawo. Ita ma ta ce ba haka aka gaya mata ba. Na ce na sani. Ta ɗauki akwatin ta tafi, ta tsaya a bakin shinge har na fara tunanin ta manta. Sannan ta juyo, ta wuce tsohon, ta ajiye akwatin a ɗaki, ta fito ta hura wuta. Shi kuma ya ci gaba da jan carbinsa kamar dama ya sani. Muna naɗe waya ruwa ya sauko.

Na dawo Gombe da diski biyu, ɗaya a jaka ɗaya a ɗaure a ƙuguna. Tun daga lokacin na shirya finafinai da dama, na buɗe ɗan ofis, ina da masu aiki a ƙarƙashina. Duk daraktan da ya zo min sai ya kawo labarinsa a rubuce har shafin ƙarshe, in ba haka ba ba na sa hannu. Yohanna ya warke, yana ɗingishi kaɗan, shi ne ya zauna da mai tacewa suka haɗa fim ɗin Hamma. An gyara sauti, an sa kiɗa, an rubuta sunaye.

Ranar da aka gama na kai wa Dada gida, muka zauna mu biyu a ɗakinta. Na nuna mata ƙarshen da matar ta taho Gombe. Ta ce in mayar mata baya, ta sake kallon yadda take tafiya a kan hanya da akwati a ka, ta nufo gida. Sannan na nuna mata ɗayan. Ta kalla har wutar ta kama, ta ce ai kuwa ba a barin tsoho shi kaɗai, mutanen can ma mutane ne. Na ce ta zaɓa min ɗaya. Ta ce ita ba 'yar fim ba ce, aurensu kawai ta yi ta haife su, in je in yi aikina.

Fim ɗin yana kan kwamfutar ofis da ƙarshe biyu. Ban zaɓa ba tukuna, kuma bai fita ba.